Suna so in sa hannu in ce ban ga wanda ya kashe mijina ba

Assalamu alaikum Anti. Ni mace ce mai shekara 31, ina da 'ya'ya uku, namiji ɗan shekara 9 da ƙannensa mata biyu. Bara aka kashe mijina. Abokin kasuwancinsa ne ya daɓa masa wuƙa a ƙofar gida kan rikicin kuɗi, ina tsaye ina kallo, kafin a isa asibiti rai ya yi halinsa. An kama mutumin, magana tana kotu, amma kullum sai ɗage zama ake yi. Danginsa masu hali ne. Tun ina cikin takaba suke turo dattawa, yanzu kuma sun zo da tayi: za su ba da kuɗi, su ɗauki nauyin karatun yarana, ni kuma in sa hannu a takardar rantsuwa cewa duhu ne, ban ga wanda ya yi ba, in daina zuwa kotu. Yayan mijina ya amince, har na ji an ce ya karɓi wani abu. Mahaifiyar mijina ta ce ita ta yafe, ta gaji da tuna abin. Mahaifinsa ya daɗe da rasuwa. Ni ba ni da sana'ar kirki, kuɗin haya ya kusa ƙarewa. In na karɓa, ji nake kamar na sayar da jinin mijina. In na ƙi, ana cewa ni mai riƙo ce, wai ko na fi uwarsa son sa ne. Anti, yaya zan yi? Kuma me ya sa doka ta bar masu kuɗi suna kashe shari'a haka, ba za a gyara ba?

Daga Uwar Marayu

Wa alaikumus salam 'yar'uwata. Allah ya jiƙan maigidanki, ya gafarta masa, ya sa ya huta, ya raya abin da ya bari, ke kuma ya ba ki haƙurin rashi. Abin da idonki ya gani a ƙofar gidanki ba ƙaramin abu ba ne, kuma duk wanda ya kira ki mai riƙo bai tsaya inda kika tsaya ba a ranar.

Da na karanta wasiƙarki sai na ga an dunƙule miki abubuwa uku wuri ɗaya an ce ki haɗiye: yafiya, da diyya, da shaidar da za ki bayar a kotu. Dunƙulewar ce ta sa kike jin duk inda kika juya akwai laifi. Idan aka warware su, kowanne da hukuncinsa, kuma ɗaya daga cikinsu ba ya buƙatar dogon tunani.

Wannan takardar rantsuwar, kar ki sa mata hannu. Kin ga wanda ya yi, kina tsaye. Rantsuwa cewa ba ki gani ba ƙarya ce a gaban Allah, kuma a ƙarshen Suratul Baƙara an hana ɓoye shaida, an ce wanda ya ɓoye ta zuciyarsa mai zunubi ce. A dokar ƙasa ma rantsuwar ƙarya laifi ne da ake ɗaure mutum a kansa, haka nan karɓar kuɗi don a kare mai laifi daga hukunci. Kin riga kin ba 'yan sanda bayani tun farko, yana nan a rubuce cikin fayil. Ranar da takardar nan ta bayyana, ke za a tambaya wanne ne gaskiya, na da ko na yanzu, dattawan da suka kawo miki ita kuwa suna gidajensu. Akwai kuma abin da ba su gaya miki ba. Yarjejeniyar da aka ƙulla don a kashe shari'ar laifi haramtacciya ce a idon doka, kotu ba ta tilasta a cika ta. Ke nan idan mutumin ya fito, suka biya kuɗin makaranta zango biyu suka tsaya, babu alƙalin da za ki kai wa ƙara ki ce sun saɓa alkawari. Kin ba da abin da ke hannunki gaba ɗaya a rana guda, su kuma za su riƙa ba da nasu da kaɗan-kaɗan in sun ga dama.

Ki kuma san cewa shari'ar kisa ba taki ba ce balle ki janye ta, ba kuma ta yayan mijinki ba ce. A mafi yawan ƙasashe hukuma ce mai ƙara a manyan laifuka, ke mai shaida ce. A Najeriya, misali, ikon dakatar da irin wannan shari'a yana hannun Antoni Janar ne, sashe na 174 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba na tarayya, sashe na 211 ya ba na jiha, kuma an ɗora masa sharaɗin duba maslahar jama'a da adalci. A ƙasashen da suka gaji tsarin Faransa, irin su Nijar, mai gabatar da ƙara na gwamnati ne ke riƙe da tuhuma, janyewar dangi ba ta kashe ta. Dangin mutumin nan sun san haka sarai, shi ya sa ba su ce ki rubuta wa kotu kin janye ba. Hanyar da ake bi ita ce a janye shaidu ɗaya bayan ɗaya, mai gabatar da ƙara ya yi ta neman a ɗage, har alƙali ya gaji ya kori ƙarar saboda babu mai zuwa. Ke ce babbar shaida, shi ya sa ake ta sintiri a ƙofarki.

Maganar diyya kuma daban ce, kuma a nan nake so ki sauke nauyin da kika ɗora wa kanki. Karɓar diyya ba sayar da jini ba ne. Allah da kansa, a aya ta 178 ta Suratul Baƙara, bayan ya wajabta ƙisasi, ya buɗe ƙofar rangwame ya kira ta sauƙi da rahama. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce wanda aka kashe masa wani yana da zaɓi biyu, ko a biya shi diyya ko a yi ƙisasi. Wanda ya zaɓi na farko bai ci amanar mamaci ba, wanda ya tsaya kan na biyu shi ma bai yi zunubi ba. Sai dai ki lura da yadda abin yake a jere: ana yafe wa wanda ya tabbata shi ya yi. Mutumin da ke neman a rantse ba a gan shi ba bai nemi gafara ba tukuna, kuɓuta yake nema. Sulhun da aka fara shi da ƙarya kuwa ya faɗa cikin wanda hadisin da ya halatta sulhu tsakanin Musulmi ya cire, wato sulhun da ya halatta haram.

Ko a fiƙihu ma yafiyar dangi ba ta wanke mai kisan ganganci tas. Imam Malik yana ganin idan aka yafe masa ƙisasi, a yi masa bulala 100 a tsare shi shekara guda, domin jama'a ma suna da hakki a kansa. Kisan gilla kuwa, wanda aka yaudari mutum aka kashe shi, Malikiyya ba su yarda dangi su yafe shi ba sam. Dokar laifuka ta shari'ar Musulunci da Zamfara ta fara aiki da ita a shekarar 2000 ta ɗauki wannan ra'ayi. Na kawo wannan ne don masu ce miki addini ya ce a yafe a wuce wurin. Addini ya kwaɗaitar da yafiya, bai taɓa cewa a share laifin kamar ba a yi ba.

Sai batun yayan mijinki, wanda ya fi damuna a wasiƙar nan. Malamai sun yi saɓani kan wanda ke da ikon yafe ƙisasi. Da yawansu sun ce duk magada ne, har da matar mamaci. Malikiyya sun fi ba maza dangin uba. An kuma yi saɓani kan ko za a jira yaro ƙarami ya balaga a ji ta bakinsa. Saboda haka yana iya yiwuwa baffan yaranki yana da ta cewa a maganar ƙisasi, wannan alƙali ne zai tantance. Amma kuɗin diyya gado ne, ana raba shi yadda ake raba duk abin da mamaci ya bari, bayan an biya bashinsa. Sayyidina Umar da farko yana ganin mace ba ta gadon diyyar mijinta, har Dahhaku ɗan Sufyanu ya shaida masa cewa Manzon Allah ya rubuto masa ya ba matar Ashyam ad-Dibabi gadonta daga diyyar mijinta, sai Umar ya koma kan haka. A gidanku, ke kina da tumuni, wato kashi ɗaya cikin 8, mahaifiyarsa tana da sudusi, kashi ɗaya cikin 6, ragowar na 'ya'yanki ne, namiji ya ɗauki rabon mata biyu. Ɗan'uwan mamaci ba ya gado matuƙar akwai ɗa namiji. Don haka idan da gaske ya karɓi wani abu, dukiyar marayu ce a hannunsa. Kuma waliyyin maraya ba shi da ikon yafe hakkin maraya kyauta ko ya karya farashinsa don a ga girmansa. Asalin diyya raƙuma 100 ne ko dinari 1,000 na zinariya, wajen kilo huɗu da kwata ke nan. A kisan ganganci ana iya daidaitawa a sama da haka ko ƙasa, amma ki auna abin da aka yi muku tayi da wannan ma'auni, ki ga ko diyya ce ko kuwa toshiyar baki.

Duk da haka kar ki tunkare shi da zargi, tunda ji kika yi an ce. Wataƙila ya karɓa ne da niyyar ajiye wa yaran, wataƙila an matsa masa ne, domin talaka yakan ji nauyin manya idan suka tako har gidansa. Ki samu mahaifinki ko wani babba a danginku, da malami masanin rabon gado wanda ba ya cikin masu kai-komon sulhun, a zauna da shi a tambaye shi cikin mutunci. Idan akwai kuɗi, a rubuta adadinsa a gaban shaidu, a ajiye shi, kar a taɓa, sai lauya ya faɗi yadda za a yi da shi, don kuɗin da aka bayar da sharaɗin kashe shari'a yana iya jawo wa wanda ya karɓa tuhuma. Kina buƙatar baffan nan nan gaba, yaranki ma haka, kuma sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Ita kuwa Hajiya, mahaifiyar mijinki, ki bar ta da yafiyarta. Uwa ce da ta binne ɗanta, kowane zaman kotu sabon makoki ne a wurinta. Ta yafe nata hakkin, Allah ya ba ta lada, amma ba ta yafe naki ba, ba ta kuma yafe na jikokinta ba, don ba nata ba ne. Ki je ki gaishe ta da yaran, ki ce mata, Hajiya ba sai kin ƙara taka kotu ba, ni dai ba zan iya rantsuwar ƙarya a kan ɗanki ba. Da wuya uwa ta ji wannan ta ce a'a, sai kin yi.

To yanzu me za ki yi a aikace? Kafin komai ki nemi lauya naki na kanki, wanda ba dangin wancan suka kawo ba, ba kuma na yayan mijinki ba. Rashin kuɗi ba zai hana ba. Idan a Najeriya kike, ƙungiyar mata lauyoyi ta FIDA tana taimaka wa mata da yara kyauta, akwai kuma Hukumar Kare Hakkin Ɗan Adam ta Ƙasa da Hukumar Ba da Agajin Shari'a. Lauyan zai iya zama a kotu duk ranar shari'a yana sa ido a madadinku, ya kuma raka ki wurin mai gabatar da ƙara. Ki gaya wa mai gabatar da ƙarar duk abin da ake ciki: su wa suka zo, yaushe, me suka ce. Kar ki goge saƙon waya ko ɗaya. Ki roƙi a saurari shaidarki da wuri, domin da zarar kin faɗi abin da kika gani a gaban alƙali an rubuta, an yi miki tambayoyi an gama, dalilin matsa miki ya ragu ƙwarai. Yawan ɗage zaman ma lauya yana da abin faɗa a kai. Dokar gudanar da shari'ar laifuka ta tarayyar Najeriya ta 2015 ta ce a riƙa zama kullum idan zai yiwu, in ba haka ba kowane ɓangare kar ya wuce neman ɗagewa sau 5, kuma jihohi sun yi nasu dokokin masu kama da ita. Ba kullum ake bin wannan ba, amma fayil ɗin da ake yawan tambayarsa ya fi wanda aka manta da shi motsi. Idan kuma lallashi ya fara komawa barazana, ki sanar da mai gabatar da ƙara da alƙali nan take, ki koma wurin danginki da yaran na ɗan lokaci.

Idan zuciyarki ta karkata ga sulhu, kuma ba zan ga laifinki ba ko kaɗan, akwai hanyar yin sa da rana tsaka. A kotun da ke aiki da ƙisasi da diyya, magada suna bayyana matsayinsu a gaban alƙali, ya rubuta, ya raba, ya tsare rabon yara. A kotun da ba ta shari'ar Musulunci ba kuma akwai yarjejeniyar amsa laifi, wadda sashe na 270 na waccan doka ta 2015 ya tanada: wanda ake tuhuma ya amsa laifi mafi sauƙi daga wanda aka tuhume shi da shi, a ji ta bakin waɗanda aka zalunta, a rubuta har da abin da zai biya su, sannan alƙali ya duba ya yanke hukunci. Wurare sun bambanta kan laifukan da suka yarda a yi wannan a kansu, lauyanki zai duba na inda kike. Ko ba a yi yarjejeniya ba, kotu tana da ikon umartar wanda aka samu da laifi ya biya iyalan mamaci, kuma kuna iya shigar da ƙarar neman diyya ta daban, sai dai ita tana da wa'adi, kar a yi sanya. Kuɗin da ya zo ta wannan hanya hukuncin kotu ne, in an ƙi biya akwai inda za ki je.

Na san duk wannan ba ya biyan kuɗin haya a wannan wata, kuma a nan ne suka fi ƙarfinki. Ki raba maganar cin yau da gobe da maganar shari'a. Mijinki ɗan kasuwa ne, rikicin ma a kan kuɗi ya tashi, ke nan yana da jari ko bashi a hannun mutane, wataƙila har a hannun shi wanda ya kashe shi. Wannan hakkinku ne da babu ruwansa da sulhu. A lissafa, a karɓo, a raba gado. Ciyar da marayu kuma, a al'adarmu, nauyi ne a kan dangin ubansu idan ba su da dukiya, ki faɗe shi a zaman da za a yi ba tare da jin kunya ba.

Tambayarki ta ƙarshe, ta gyaran doka, ƙasashe da dama sun yi ta fama da ita. Pakistan ta shigar da ƙisasi da diyya cikin dokarta a 1990, aka wayi gari masu ƙarfi suna fita ta ƙofar yafiya. A 2011 wani Ba'amurke ma'aikacin leƙen asiri, Raymond Davis, ya harbe mutum biyu a Lahore, cikin wata biyu aka sake shi bayan an biya iyalansu diyya. Abin ya fi muni a kisan da ake yi cikin gida, inda mai kisan da mai yafewa 'yan ɗaki ɗaya ne. Bayan kisan Qandeel Baloch, wata matashiya da ta yi suna a kafofin sada zumunta, wadda ɗan'uwanta ya kashe a 2016, majalisarsu ta yi doka cewa mai kisa da sunan kare mutuncin dangi zai sha ɗaurin rai da rai ko da an yafe masa. Amma ɗan'uwanta da aka ɗaure a 2019, kotun sama ta sake shi a 2022, bayan iyayensu sun yafe. Indiya ta bi wata hanyar: dokarta ta jera laifukan da ake iya sasantawa, kuma a 2012 Kotun Ƙolinta ta ce manyan laifuka irin kisa da fyaɗe ba a soke su don ɓangarori sun daidaita.

A nawa ganin, haramta sulhu kwata-kwata ba zai hana a yi shi ba, zaure kawai zai koma, inda mace irinki ba ta da murya. Gyaran da zai yi amfani shi ne a tilasta kawo duk wani sulhu gaban alƙali, bayan mai laifi ya amsa laifinsa, alƙali ya gana da kowane magaji shi kaɗai ya tabbatar ba tursasa shi aka yi ba, rabon yara ya shiga asusun da kotu ke kula da shi, sannan a yanke mafi ƙarancin ɗaurin da yafiya ba ta ɗauke shi. A kuma samar da asusun gwamnati na tallafa wa iyalan waɗanda aka kashe, irin wanda New Zealand ta fara a 1963, Birtaniya ta bi a 1964, domin yunwa da jinkirin kotu su ne ke kai mutane ga sa hannu a irin takardar da aka kawo miki. Amma wannan aikin 'yan majalisa ne da lauyoyi da malamai, ba kaya ba ne da za ki ƙara a kan wanda kike ɗauke da shi yanzu.

Idan dattawan suka dawo, ki karɓe su da girmamawa, kar ki gana da su ke kaɗai, mahaifinki ko wani namiji a danginku ya kasance a wurin. Ki ce musu kin gode da tattakin da suka yi, ba ki rufe ƙofar sulhu ba, amma ba za ki rantse a kan ƙarya ba, duk maganar da za a yi kuma a yi ta ta hannun lauyanki a gaban kotu. Kar ki karɓi ko kwabo a zaman, kar ki sa hannu ko ki dangwala yatsa a kowace takarda, ko da an ce ta shaidar zuwa ce kawai. In kin ga lauya, ki sake rubuto mini abin da ya ce game da kotun da shari'ar take, sai mu duba mataki na gaba tare. Ki shafa mini kan yaran.